Abin da ya sa kukis ɗinka ya baje a cikin obin

Ɗana, na ji tambayarka. Ka ce ka gasa kukis mai ƙwayoyin cakulan a gida, da awon da muke aiki da shi kullum, amma ya fito a baje, fale-fale, gefensa ya ƙone, har wasu suka manne da juna a kan tire, kuma kana so ka san ko fulawa za ka ƙara. Kada ka yi gaggawar ƙara ta. Mafi yawan lokaci laifin yana ga zafin bota, kuma wanda ya tula fulawa don ya rufe wannan laifi, zai fitar da kukis mai tauri wanda ba shi da daɗin ci.

Ka fara gane abin da ke faruwa idan ka rufe ƙofar obin. Bota tana narkewa a wajen digiri 32 zuwa 35 na ma'aunin Salshiyas, wato ko zafin jikin mutum ba ta jurewa, alhali ƙwai ba ya fara daskarewa ya riƙe kwaɓin sai zafi ya haura digiri 60. Tsakanin narkewar bota da kamawar ƙwai da fulawa, kwaɓin yana malala ne kawai, kuma iyakar tsawon wannan lokaci, iyakar faɗin da kukis zai yi. Idan botar ta riga ta saki jiki tun kafin ta shiga obin, to malalar ta fara da wuri, kuma ba abin da zai tsayar da ita. A wurin aiki ba ka lura da wannan ba, domin ni nake fitar da botar a kan lokaci, kai kuma ka tarar da ita daidai.

Botar da ake so ita ce wadda idan ka danna ta da yatsa za ta lotsa, amma ba za ta yi ƙyalli ba, ba kuma za ta bar maiƙo a yatsanka ba. Idan ka taɓa ta ma, sai ka ji ɗan sanyi-sanyi. Irin wannan ce ke riƙe iska idan an buga ta da sukari na minti 2 zuwa 3, har ta yi haske ta tashi. Wadda aka narkar a wuta don sauri ba ta riƙe iska ko kaɗan. Na sha ganin yara suna yin haka suna cewa ai duk bota ce, kuma wannan ganganci yana ɓata mini rai, domin kayan da aka zuba masu kyau ne, rashin haƙuri ne kawai ya lalata su.

Bayan ka gama kwaɓi, ka rufe shi ka sa a firij, aƙalla awa ɗaya. Idan ya kwana, ya fi, domin botar za ta sake daskarewa, fulawar kuma ta shanye ruwan ƙwai a hankali, sai kukis ya fito da kauri da launi mai kyau, ɗanɗanonsa ma ya ƙara zurfi. Ruth Wakefield, matar da ta fito da wannan kukis a masaukinta mai suna Toll House, a garin Whitman na jihar Masacusets a Amurka, a ƙarshen shekarun 1930, ita ma kwana take barin kwaɓinta ya yi a cikin sanyi. Awonta ne kamfanin Nestlé ya riƙa bugawa a bayan ledar cakulansa, kuma namu bai yi nisa da shi ba: fulawa giram 280, bota 225, farin sukari 150, sukari mai ruwan ƙasa 160, ƙwai 2, bekin soda da gishiri ƙaramin cokali ɗai-ɗai, sai cakulan giram 340.

Da giram na faɗa maka da gangan. Kofi ɗaya na fulawa yana iya zama giram 120, yana kuma iya kai wa 150 idan an danna ta, saboda haka mai awo da kofi bai san ainihin abin da ya zuba ba. Ka nemi ƙaramin sikeli. Kuma da zarar fulawa ta shiga, ka juya kawai har farinta ya ɓace, ka tsaya, domin yawan juyi yana tayar da danƙon alkama, kukis ya koma kamar burodi.

Ka kuma tambayi kanka ko ka sa sukari mai ruwan ƙasa, ko kuwa ka cike gurbinsa da fari don shi ke gare ka a gida. Farin sukari yana sa bajewa da ƙaras-ƙaras. Mai ruwan ƙasan yana ɗauke da baƙin ruwan rake mai danƙo, wanda ke riƙe laima, kuma ɗan tsaminsa ne ke motsa bekin soda ta yi aikinta na tayar da kwaɓi. Bekin foda abu ne dabam, kada ka musanya su.

Saura obin. Na gida ba safai yake faɗin gaskiya ba, kana iya murɗa shi zuwa digiri 190 da ake so amma cikinsa bai kai ba, kuma obin mai rauni yana ba bota damar malala kafin ƙwai ya kama. Ka sa ma'aunin zafi a ciki, ka kunna shi minti 20 kafin gashi, idan kuma mai fanka ne, ka rage zuwa 170. Ka shimfiɗa takardar gashi maimakon shafa wa tire mai, ka bar tazarar santimita 5 tsakanin kowane curi da ɗan'uwansa, kuma kada ka taɓa ɗora sabon kwaɓi a kan tiren da ya fito daga wuta yanzu, sai ya huce sarai. Ina zargin a nan ma ka yi kuskure, tunda tire ɗaya gare ka.

Minti 9 zuwa 11 ya isa. Ka fitar da shi lokacin da gefe ya yi ja, tsakiya kuma kamar bai gama nuna ba, ka bar shi a kan tiren na minti 3 ko 4, zafin ƙarfen zai ƙarasa shi. Wannan karon ka fara gasa guda biyu kawai don gwaji. Idan ka kiyaye duk wannan amma suka baje, sai ka ƙara fulawa babban cokali 2 a sauran kwaɓin. Ka zo mini da ɗaya daga na gwajin da ɗaya daga na ƙarshe, mu karya su tare mu duba cikinsu.