Murjani: Dutse Ne Ko Dabba?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Kakata ta bar mini wani zaren jan murjani da ta yi aure da shi. Ɗana da ke sakandare ya ce wata dabba ce ke yin sa a cikin teku, ni kuwa tun tasowata a dutse na san shi. Wanne ne daidai? Daga wata mai karatu a Daura.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Hajiya. Yaronki ya yi gaskiya, ke ma ba ki yi nisa da ita ba, domin abin da ke hannunki ƙashin dabba ne da ya taurare kamar dutse. Dabbar 'yar mitsitsiya ce, galibi ba ta wuce ƙwayar gero ko ta dawa ba. Jikinta kamar ƙaramar jaka yake, da baki a sama wanda wasu 'yan hannaye ke kewaye da shi, kuma da su take cafke ƙananan halittun da ruwa ya kawo. Ba ta yawo. Inda ta maƙale nan take zama, tana tsamo sinadarin alli daga ruwan teku tana gina ƙashinta, sannan ta yi ta tsirar da 'ya'ya a gefenta har su zama dubbai a jiki ɗaya.

Irin da ke gina tsaunukan ƙarƙashin teku yana da wani abokin zama, wato wani gansakuka da ido ba ya iya gani, wanda ke rayuwa a cikin naman dabbar, yana haɗa abinci da hasken rana yana ba ta mafi yawansa. Shi ya sa tsaunukan murjani suke a ruwa mai ɗumi, garau, marar zurfi. Idan tsofaffi suka mutu ƙashinsu ya rage, sababbi su ɗora gini a kai, kuma manyan dunƙule kan ƙaru da kimanin santimita 1 kacal a shekara. Da wannan tafiyar hawainiya aka samu tsaunin da ke gabar Ostareliya, mai tsawon kilomita 2,300. Alhazanmu ma suna sauka kusa da irinsa, domin Bahar Maliya ta wajen Jidda cike take da shi. Gabar tekun Nijeriya kuwa ba ta da irin waɗannan tsaunuka, musamman saboda lakar da Kogin Kwara da sauran koguna ke zubawa tana tare haske. Idan ruwa ya yi zafi fiye da kima, dabbar takan kori gansakukan ta yi fari fat, kamar yadda ya faru a tekuna da dama a 1998 da 2016.

Sai dai naki, idan na asali ne (a yau kasuwa ta cika da na gilashi da na roba), ba daga waɗannan tsaunuka ya fito ba. Jan murjani wani iri ne dabam da ke Bahar Rum, a cikin koguna da wurare masu duhu, ba ya da gansakuka, kuma yana girma a hankali ƙwarai da rassa kamar ƙaramar bishiya. Daga can fatake suka riƙa ɗauko shi ta Tarabulus da Gadamas, su keto Sahara da raƙuma zuwa kasuwannin Katsina da Kano.