Edita Zai Iya Zama Darakta?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Shekara shida ke nan ina tace hoton biki da na wa'azi a wani shago a Sabon Gari. Ina so in ba da umarnin fim nawa na kaina, amma wani furodusa ya ce mini edita edita ne, in tsaya inda Allah ya ajiye ni. Don Allah da gaske ne aikinmu ba ya kai mutum ko'ina? Daga wani matashi, Tudun Wada, Zariya.

AMSA: Wa'alaikumus salam ƙanena. Maganar furodusan nan ta yi mini zafi, domin ni ma a gaban kwamfuta na fara. Ba na mantawa da wani kamun amarya da na tace a Kwarbai. Mai ɗauka ya kawo mini awa huɗu na kiɗa da liƙi, amma a can gefe akwai daƙiƙa biyar da uwar amarya ta ja gefen mayafi ta share hawaye. Na ɗauko wannan na ajiye daidai bayan dariyar amarya. Da aka kalla a gidan, ɗakin ya yi tsit. Ranar na gane cewa a teburinmu ake ƙarasa labari.

Bari in ba ka misali daga Sabiya. Wani darakta mai suna Dušan Makavejev, wanda aka haifa a Belgrad, babban birnin ƙasar, a 1932, nazarin halayyar ɗan Adam ya karanta a jami'a, kuma a ƙungiyar masu fim na sha'awa ya koyi hannu. A 1968 ya fitar da wani fim mai suna Nevinost bez zaštite. Ka san da me ya gina shi? Da wani tsohon fim na 1942 da ɗan wasan ƙarfi da tsalle-tsalle Dragoljub Aleksić ya yi lokacin da sojojin Jamus suka mamaye garin. Makavejev ya yayyanka shi, ya shafa wa wasu wurare launi da hannu, ya cusa hotunan labarun yaƙi, sannan ya nemo 'yan wasan da ke raye ya zaunar da su suna ba da labari da furfurarsu. Tsohon kaya ya koma sabon zance, har ya samu kyautar azurfa a bikin fim na birnin Berlin na Jamus a shekarar da ya fito.

Shi dai darakta ne kuma marubuci. Wadda ta zauna kan teburin tacewa mace ce, Ivanka Vukasović, kuma ita ce ta tace fim ɗinsa na 1971 da hukumomin Yugoslabiya, ƙasar da Sabiya ke cikinta a lokacin, suka hana nunawa. Abin da nake so ka lura da shi, ƙarfin waɗannan ayyuka ya fito ne daga jera wannan hoto kusa da wancan, wato abin da kake yi kullum. A can ma Tsangayar Fasahar Wasan Kwaikwayo ta Belgrad sashe guda ta ware wa tace hoto.

Sai dai kada in yi maka zaƙin baki. Kwamfuta ba ta musu, ɗan wasa kuwa yana yi. Zai makara, zai ji yunwa, rana za ta faɗi ba ku gama ba. Wannan sai a lokeshan ake koyonsa, don haka ka nemi a ɗauke ka mai kula da ci gaban shiri (wato mai lura kada kaya ko yanayin ɗan wasa su saɓa daga wannan ɗauka zuwa wancan) ko mataimakin darakta, ko da kuɗin mota kawai za a ba ka. Rubutu ma ka fara shi yau.

Ka rubuta labari na minti biyar, mutum biyu, zaure ɗaya a cikin birni. Ka leƙa Sashen Wasan Kwaikwayo na ABU a Samaru, ɗalibai na neman inda za su gwada kansu. Ka ɗauka da waya, ka tace da hannunka, ka turo mini ta wannan shafi in kalla.