Swifts ta Sydney: kofi uku ne ko bakwai?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam, dan Allah ina da tambaya kan netbol. Na fara bin wasan ne saboda Grace Nweke da na ji an ce iyayenta ƴan Najeriya ne, sai na ga ta koma wata ƙungiya NSW Swifts. To da na shiga bincike wani wuri a ce sun ci kofi uku wani wuri a ce bakwai, wani kuma ya kira su Sydney Swifts, kaina ya ɗaure. Ƙungiya ɗaya ce ko biyu? Kuma me yasa ake musu kallon manya?

Amsa: Wa alaikumus salam ƴar uwa. Masu cewa uku da masu cewa bakwai duk ba wanda ya yi miki ƙarya, daga inda kowa ya fara ƙirgawa ne kawai ya bambanta.

Asali akwai gasar da ake kira Commonwealth Bank Trophy a Ostireliya, an fara ta a 1997 aka rufe a 2007, kuma wani abin sha'awa kusan duk ƙungiyoyin ciki sunan tsuntsaye aka sa musu, su Kestrels, Orioles, Sandpipers, Thunderbirds. Ita Swifts ɗin ma sunan wata ƴar tsuntsuwa ce mai saurin tsiya irin tsattsewar nan tamu. A wancan zamanin sunan ƙungiyar Sydney Swifts, kociyarsu Julie Fitzgerald, kyaftin kuma Liz Ellis wadda har yau idan ana lissafin masu tsaron bayan da aka taɓa yi a wasan nan sai an ambace ta a sahun farko. Sun ɗau kofi huɗu, 2001, 2004, 2006 da 2007. To kin ga huɗu kenan.

Daga nan sai Ostireliya da New Zealand suka haɗa kai suka kafa gasa ɗaya, ANZ Championship, ƙungiya goma, biyar daga kowace ƙasa. Tunda gurbi biyar kacal Ostireliya ta samu jihar New South Wales ba za ta shigo da biyu ba, shi ne aka haɗe Sydney Swifts da Hunter Jaegers ta garin Newcastle aka fitar da NSW Swifts, aka fara a 2008. Ƙarƙashin wannan sunan sun ci uku, 2008, 2019, 2021. Huɗu da uku bakwai. A takarda sabuwar ƙungiya ce, amma ni a ganina raba su ɓata lokaci ne, koci ɗaya ce ta wuce da su daga tsohuwar zuwa sabuwar, yawancin ƴan wasan su ne dai, magoya baya su ne, sai dai sunan gari da aka canza zuwa na jiha. Ƴan Jaegers ne kawai zan iya cewa an yi musu haɗiyar kifi, ko sunansu bai tsira ba.

Kofin 2008 ɗin ya ba mutane mamaki don Liz Ellis ta yi ritaya a ƙarshen 2007, ana ta cewa shikenan bango ya faɗi, sai ga Catherine Cox ta karɓi kyaftin suka je wasan ƙarshe suka doke Waikato Bay of Plenty Magic ta New Zealand 65 da 56. Bayan shekara biyu, 2010, suka yi abin da har yanzu nake ba ƴan wasa misali da shi, wasa 13 na kaka duka suka cinye ba a doke su ko sau ɗaya ba, ana shiga zagayen ƙarshe Thunderbirds ta doke su Magic ma ta doke su, ko fainal ɗin ba su leƙa ba, na uku suka ƙare. Haka tsarin yake a can, zama na ɗaya a teburi ba shi ne kofi ba.

Amma gaskiya idan kina son gane ƙungiyar nan, 2015 zuwa 2019 za ki tsaya ki duba da kyau, nan labarin yake. Lokacin Rob Wright ne koci kuma ya tara taurari na gaske, Sharni Layton a baya, Kim Green a tsakiya, Caitlin Thwaites da Susan Pettitt wajen jefawa, daga baya ga Laura Langman ta New Zealand. Suka je fainal a 2015 Queensland Firebirds ta doke su da ci ɗaya tak, 57 da 56, bayan su ne a gaba har dab da tashi. Suka sake komawa a 2016, Firebirds ɗin dai, aka yi ta ƙarin lokaci aka tashi 69 da 67. Wallahi wanda bai kalli wasan nan ba ba zai gane zafin ba, ki tuna a netbol ba a gudu da ƙwallo ba a tafiya da ita ana buga ta a ƙasa, daƙiƙa uku kawai za ki riƙe, mutum biyu ne cikin bakwai ke da izinin jefawa a raga kuma sai daga cikin da'ira, kuma bayan kowace ci karɓa-karɓa ake yi wajen fara wasa daga tsakiya, saboda haka kuskure guda ɗaya, ƙwallo ɗaya da aka ƙwace miki, ya isa ya ci ki kofi.

Ana cikin wannan jimamin sai gasar haɗin gwiwar ta watse, Ostireliya ta kafa tata ita kaɗai, Super Netball, a 2017, da ƙungiya takwas, uku daga ciki sababbi ne fil kuma masu kuɗi a bayansu. Ai kuwa aka yi wa Swifts wasoso. Layton da Thwaites suka tafi Collingwood, Langman da Steph Wood suka tafi Sunshine Coast Lightning, Green da Pettitt suka tsallaka Giants wadda a cikin Sydney ɗin take, kuma wa ke horar da Giants a lokacin? Julie Fitzgerald, uwar gidan da kanta. Ki duba fa, ƙungiyar da ta je fainal sau biyu a jere ta wayi gari kusan babu kowa sai ƴan yara.

Abin da suka yi shi ne ya sa nake ganin girmansu. Ba su bi kasuwa suna neman manyan sunaye ba, sun riƙe Paige Hadley da Maddy Turner, suka ɗauko Maddy Proud da Sarah Klau daga Adelaide, daga waje kuma suka kawo Helen Housby ta Ingila da Sam Wallace ta Trinidad da Tobago, lokacin duk ba wasu sanannu ba ne sosai a can. Shekara biyu suna shan kashi ba sa kaiwa zagayen ƙarshe. Briony Akle, wadda ita ma tsohuwar ƴar wasan Sydney Swifts ce, ta karɓi horarwa a 2018, shekarar da Housby ta jefa ƙwallon ƙarshe da Ingila ta doke Ostireliya 52 da 51 ta ɗau zinare a wasannin Commonwealth a Gold Coast, sannan ta dawo Sydney ta ci gaba da yi musu wasa, ban san yadda magoya baya suka haɗiye wannan ba.

A 2019 kyaftin ɗinsu Proud ta samu tsinkewar jijiyar gwiwa a tsakiyar kaka, Hadley ta riƙe ragama. Suka haɗu da Lightning a fainal a Brisbane, ƙungiyar da ke riƙe da kofi shekara biyu a jere, Langman da Wood suna ciki, kociyarsu Noeline Taurua kuma ba ta daɗe da cin kofin duniya da New Zealand ba. Aka tashi 64 da 47. Ba ƙiris ba, tazarar 17, Wallace ce gwarzuwar wasan. A 2021 kuma korona ta kore su daga gida suka yi ta yawo jiha jiha, ƙarshe suka haɗu da maƙwabtansu Giants a Brisbane suka ci 63 da 59, wato Akle ta doke Fitzgerald wadda ta horar da ita.

Na 2023 ba sai na daɗe a kai ba, Thunderbirds ta ɗauke da 60 da 59 bayan ƙarin lokaci, ciwon ci ɗaya ya sake dawo musu.

Ita Grace Nweke da kika tambaya, a Auckland aka haife ta, iyayenta ƴan Najeriya ne kamar yadda kika ji, amma New Zealand take wakilta, kuma daga Northern Mystics ta zo Swifts a kakar 2025. Idan za ki kalle su ki lura da minti biyar na ƙarshen kowane kashi cikin kashi huɗun wasan, tun 2020 aka kawo dokar da jifa daga nesa a cikin da'ira ke zama ci biyu a wannan lokacin. Nweke ƙarƙashin raga take tsayawa da tsawonta, na nesan yawanci aikin Housby ne, shi yasa za ki ga ƙwallo ta daina zuwa wajenta sosai idan agogo ya kai nan, ba wai an yi fushi da ita ba ne. Gidansu Ken Rosewall Arena ne a Sydney Olympic Park, jajayen kaya suke sawa, kuma saboda bambancin lokaci wasanninsu da sassafe suke faɗowa a agogon Najeriya, sai ki saita ƙararrawa.