Kafin a san rabbi, wa ke jan ragamar addinin Bani Isra'ila?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. A labarai ina jin ana kiran malamin Yahudawa da sunan rabbi. Shin tun zamanin Annabi Musa (AS) haka abin yake? Mun yi gardama da abokina, shi ya ce sarakuna irin su Annabi Dawuda ne ke riƙe da addininsu, ni kuma na ce annabawa ne. Malam a raba mana gardama. Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Kai da abokinka kowa ya kamo gefe guda, amma kun tsallake mutumin da ke tsakiya, wanda kuwa shi ya fi daɗewa a kan kujerar. Abin da zan kawo maka daga littattafan Yahudawa ne da binciken masana tarihi, don haka ka ɗauke shi a matsayin ruwayarsu.

Rabbi dai baƙo ne a wannan fage. Wanda ke tsaye kan ibadar yau da kullum shi ne kohen, wanda Baibul na Hausa ke kira firist. Tushen kalmar ɗaya ne da kahin na Larabci, sai dai ma'ana ta rabu: a wurin Larabawa kahin boka ne, a wurin Ibraniyawa kuwa kohen mai hidimar hadaya ne a ɗakin ibada. Wannan muƙami ba a samunsa da karatu ko da tsoron Allah. Gado ne. Dole mutum ya fito daga tsatson Annabi Haruna (AS) ta wajen uba. Sauran ƙabilar Lawi, wadda Musa da Haruna suka fito daga cikinta, su ne masu taimako: masu gadin ƙofa, mawaƙa, masu ɗaukar kayan ibada. Da aka raba ƙasa tsakanin ƙabilu ba a yanka wa Lawiyawa yanki ba. An ba su garuruwa 48 a warwatse, abincinsu kuma daga ushirin da jama'a ke fitarwa.

A saman su duka akwai babban kohen. Yana ɗaura wani allo a ƙirji mai duwatsu masu daraja 12, kowane dutse da sunan ƙabila ɗaya. Shi kaɗai ke shiga ƙuryar ɗakin ibada, wurin da aka ajiye akwatin alkawari, wato Tabutun da Suratul Baƙara ta ambata, kuma rana ɗaya tak a shekara, ranar Yom Kippur, don nema wa al'umma gafara.

Maganar abokinka tana da ƙamshin gaskiya ta nan: da sarauta ta kafu, sarki ya riƙa sa hannu a naɗin babban kohen. A zamanin Annabi Dawuda manyan kohen biyu ne, Zadok da Abiyata. Da aka zo rigimar gadon sarauta Abiyata ya bi wani ɗan sarkin daban, sai Annabi Sulaiman (AS) ya tuɓe shi ya tura shi ƙauyensu Anatot. Daga nan gidan Zadok ya riƙe muƙamin ƙarni bayan ƙarni. Amma sarki ba shi da hurumin yin aikin kohen da kansa. Suna ba da labarin Sarki Uzziya da ya kutsa Haikali, wato babban ɗakin ibadarsu na Kudus, zai ƙona turare, firistoci suka tare shi, kuturta ta fito masa a goshi nan take.

Annabawa kuwa, a nan ne taka maganar ta shigo. Annabi ba shi da ofis, ba shi da gidan gado, kuma sau da yawa shi da firistoci ba sa ga maciji. Amos makiyayi ne daga Tekowa. Da ya je Betel yana wa'azi kan zaluntar talakawa, firist ɗin wurin, Amaziya, ya kai ƙararsa wajen sarki, ya ce masa ya tattara ya koma ƙasar Yahuza. Irmiya shi kansa ɗan gidan firistoci ne daga Anatot ɗin nan, amma wani babban jami'in Haikali mai suna Fashur ya sa aka yi masa duka aka garƙame shi a turu. Wani abin da zai ba ka mamaki: wajen shekara ta 622 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), da babban kohen Hilkiya ya tsinci wani littafin shari'a a Haikali, wurin wata mace, Hulda, aka je neman fatawa, domin a ruwayarsu ana lissafa ta cikin annabawa.

A shekara ta 586 kafin miladiyya, wasu na cewa 587, Bukhtanasar na Babila ya ƙone Haikalin Kudus, sarautar gidan Dawuda ta faɗi. Da Sairus na Farisa ya ba su izinin komawa, aka gama ginin Haikali na biyu wajen 516, ba sarki kuma. Sannu a hankali sai babban kohen ya zama shi ne kan al'umma, addini da siyasa duk a hannunsa. A wannan zamani ne Ezra ya bayyana, wanda malamai da yawa ke ganin shi ne Uzairu. Firist ne, kuma marubuci masanin Attaura. Ya hau wani dandamali na katako ya karanta wa taro littafin tun daga safe har tsakar rana, Lawiyawa na bi suna fassara wa mutane. A ganina tun daga wannan dandamali aka shuka irin rabbi, domin ranar ce littafi ya fara gogayya da bagadin hadaya.

Kujerar da ta haɗa iko da dukiya ba ta rasa masu zawarci. A shekara ta 175 kafin miladiyya wani firist mai suna Yason ya saye ta da kuɗi daga hannun Sarki Antiyokus na huɗu, sarkin Siriya da ke mulkinsu a lokacin, ya ture ɗan'uwansa da ke kan kujerar. Bayan shekara uku Menelawus ya ƙara farashi ya ture Yason. Tawayen Makabiyawa, wani gidan firistoci da ya yi wa Antiyokus bore, ya ɓarke a 167, kuma a 152 ɗaya daga cikinsu, Yonatan, ya sa rigar babban kohen, alhali gidansu ba gidan Zadok ba ne. Jikokin gidan suka haɗa da sarauta gaba ɗaya. Sarki Hirudus da Romawa suka naɗa bayansu ya mai da abin kamar canza riga. Ya naɗa ƙanin matarsa, Aristobulus, yaro ɗan shekara 17, da ya ga jama'a na son yaron sai ya sa aka nutsar da shi a tafkin wanka a Yariko. Masanin tarihinsu Yosifus ya ƙirga manyan kohen 28 daga Hirudus zuwa rushewar Haikali, a cikin shekara ɗari da 'yan kai. Har kayan ado na babban kohen Romawa suka riƙa kullewa a sansaninsu na Antoniya, sai lokacin idi su fito da su.

Ana cikin haka mutane suka fara komawa ga masu ilimi. Sadukiyawa, ɓangaren manyan gidajen firistoci, sun tsaya kan rubutacciyar Attaura, ba su yarda da tashin matattu ba. Farisiyawa sun yarda da shi, suka kuma ce akwai bayanin shari'a da ake karɓa baki da baki daga malami zuwa almajiri, abin da ɗalibin hadisi zai gane da sauri. Manyansu irin su Hillel da Shammai ba da gado suka yi suna ba. Ɓangarorin biyu suna zama tare a majalisar Sanhedrin, wadda ruwayarsu ta ce mutum 71 ne.

A shekara ta 70 miladiyya Titus, kwamandan sojojin Romawa, ya ƙone Haikali. Babban kohen na ƙarshe, Fanni, ɗan ƙauye ne da 'yan tawaye suka zaɓa ta hanyar ƙuri'a, Yosifus ya ce bai ma san mene ne aikin ba. Ba Haikali, ba hadaya, kohen ya rasa wurin aiki. Ruwayarsu ta ce lokacin da Romawa suka yi wa birnin ƙawanya, almajiran wani malami, Yohanan ben Zakkai, sun fitar da shi daga Kudus a cikin makara kamar gawa, ya roƙi Romawa su bar masa garin Yabne da malamansa. A can aka sake gina addinin kan karatu da addu'a, kuma a wannan zango ne laƙabin rabbi, ma'ana "maigidana" ko "malamina", ya zama muƙami da malami ke ba almajirinsa. Wajen shekara ta 200 Yahuda ha-Nasi ya tattara fatawoyinsu a littafin Mishna. Irin waɗannan malamai ne Alƙur'ani ya kira rabbaniyyuna da ahbar a Suratul Ma'ida, aya ta 44.

Zuriyar Haruna ba ta ɓace ba. In ka ji Bayahude mai suna Kohen ko Lebi (wato Lawi), galibi daga can sunan ya samo asali. A majami'un masu riƙo da gargajiya har yau kohen ake fara kira zuwa karatun Attaura, shi ke ɗaga hannu ya sa wa jama'a albarka, kuma ba ya shiga maƙabarta sai don dangi na kusa. Amma in wata mas'ala ta ɗaure masa kai, shi ma wurin rabbi yake zuwa ya tambaya.