Giwa a cikin kogo, da abin da ke rataye a sama

Tambaya: Da gaske ne akwai kogon da giwaye ke shiga? Mutum zai iya leƙawa? (Mai karatu daga Zariya)

Amsa: Da gaske ne, Malam. Kogon Kitum ne, a Dutsen Elgon da ke Kenya, zurfinsa kusan mita 200. Giwaye kan shiga da dare, su kankare bango da haure su ci, don akwai gishiri a jikin dutsen wanda ganyen da suke ci bai wadatar da su da shi ba. Bangon duk zane-zanen haure ne.

Sai dai haɗarin ba giwar ba ce, jemagun da ke rataye a rufin ne. Jemage mai cin 'ya'yan itace na ɗauke da ƙwayar cutar Marburg, wata muguwar cuta mai haddasa zazzaɓi da zubar jini. Wani Bafaranshe a 1980 da wani yaro ɗan Denmark a 1987 sun mutu da ita bayan shiga kogon.

In ka shiga irin wannan wuri, sa takunkumin N95, safar hannu da hular kwano, ka riƙe tocila uku, don ɗaya in ta mutu ko tafinka ba ka gani. Kada ka taɓa kashin jemage, kada ka tayar da ƙurarsa. Zazzaɓi ya zo cikin kwana 21, garzaya asibiti, ka faɗa musu ka shiga kogo.