Hukuncin ƙaga hazon da ke juya lokaci a cikin labari

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina rubuta ƙagaggen labari a wata duniya da ba tamu ba. Akwai wani hazo da ke saukowa daga duwatsu, wanda ya wuni a cikinsa zai fito ya tarar shekara goma ta wuce. A babin ƙarshe hazon yana mayar da jarumar baya, ta hana mutuwar mahaifiyarta. Bayan rasuwar tawa mahaifiyar na fara rubutun. Wata ta ce ƙarya nake zubawa, ina tara zunubi. Mene ne hukunci?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Allah ya jiƙan mahaifiyarki, 'yata, ya ba ki haƙurin rashinta.

Miƙewar lokaci ko taƙaituwarsa ba baƙon abu ba ne ga mai karanta Alƙur'ani. Kin san Ashabul Kahfi da shekarunsu 309, kin san ranar Dujal da take kamar shekara. Ki dai bar hazon a matsayin halitta, kamar iska da ruwan sama, kada alƙalaminki ya ba shi ikon kansa.

Maganar cewa duk ƙagaggen labari ƙarya ce, wasu malamai sun tafi a kai, suna kafa hujja da hadisin Abu Dawud da Tirmizi mai gargaɗin azaba ga wanda ke shara ƙarya don ya ba mutane dariya. Ina girmama su, amma hujjar ba ta hau kan mas'alarki ba. Ƙaryar da shari'a ta hana ita ce ka faɗi abin da bai faru ba kana so a ɗauka ya faru. Wanda ya buɗe littafinki ya san daga shafin farko babu wannan duniyar, babu wannan hazon. To wa aka yaudara? Da haka ne, da malaman fiƙihu sun yi laifi duk lokacin da suka ce "wani ya mutu ya bar mata da 'ya'ya biyu" alhali babu wanda ya mutu, da malaman nahawu sun yi wa Zaidu ƙazafin dukan Amru a misalinsu na "Zaidu ya doki Amru". Hariri, malamin adabin Larabci wanda ya rasu a 516 bayan Hijira, ya ƙagi mutanen da ke cikin Maƙamarsa, wato littafinsa na labarai, ya kare kansa a gabatarwa, malamai kuma suka yi ta karantar da ita ƙarni bayan ƙarni. Ki gaya wa 'yar'uwar nan haka cikin ladabi, alheri ta nufe ki da shi.

Inda na tsaya shi ne babin ƙarshe. Hazo ya haɗiye shekara goma, wannan misali ne na ikon Allah. Amma a koma baya a kwance ajalin da ya riga ya sauka, a nuna dabarar jaruma ce ta rinjayi mutuwa, wannan ya taɓa imani da ƙaddara, domin ajali idan ya zo ba a jinkirta shi ko da sa'a guda. Ban ce kin fita daga addini ba, kada shaiɗan ya raya miki haka. Na ce bai halatta ki fitar da babin a haka ba. Ki bar ta ta koma, ta ga mahaifiyarta, ta nemi gafararta, ajalin kuma ya zo a kan lokacinsa. Labarin ma zai fi ratsa zuciya.

Sannan, 'yata, na ji muryarki a bakin jarumar nan. Ina jin tsoron kina kwana da "da na kai ta asibiti da wuri", "da ina kusa". Annabi (SAW) ya ce "da" tana buɗe aikin shaiɗan, ki ce Allah ya ƙaddara, abin da ya so ya aikata. Mahaifiyar Sa'ad bn Ubada ta rasu ba ya nan, ya tambayi Annabi (SAW) ko sadaka za ta amfane ta, ya ce masa eh, sai ya ba da gonarsa. Wannan ƙofar a buɗe take gare ki. Ki riƙi addu'a, ki sada zumunci da ƙawayenta, ki biya mata bashi idan akwai. Kuma kada rubutun dare ya cinye miki sallar asuba.

Allah ne mafi sani.