Ɗaukar fim kan yaran da ke haɗa makarantar allo da boko

Malam, ka tambaya yadda za ka ɗauki shirin gaskiya, wato fim na ainihin rayuwa ba wasan kwaikwayo ba, a Jos kan yaran da ke zuwa allo da asuba, su wuce boko da hantsi.

Fara da izini a rubuce daga iyaye da malamin tsangaya. Amincewar yaro kaɗai ba ta isa ba, domin dokar kare haƙƙin yara ta 2003 ta ɗauki duk wanda bai kai shekara 18 ba a matsayin yaro.

Ka yi kamar kwana biyar kana zuwa hannu rabbana. Idan ka fito da kyamara ranar farko, sai su yi ta leƙen gilashinta suna dariya, ka tashi a tutar babu. Sauke ta daidai idon yaro, domin ɗauka daga sama na ƙasƙantar da shi.

Sauti ne ya fi ba da wahala. Karatun tsangaya a tare ake rera shi, don haka maƙala wa yaro ɗaya ƙaramar makirufo a wuyan riga, ka rufe ta da soso saboda iskar hunturun Jos. Saita kyamara ta ɗauki hoto 25 a daƙiƙa, in ba haka ba hasken fitilar aji na iya riƙa kyaftawa a cikin fim ɗin.

Kada ka tambayi yaro wanne ya fi so tsakanin allo da boko. Bi shi kawai lokacin da ya jingine allo ya saɓi jakar boko.